Asma'u: wai "sunaye" kawai yake nufi?

Baban Walid (Jega):
Assalamu alaikum jama'ar wannan zaure. Allah Ya sauki maiɗakina lafiya ranar Laraba bayan azahar, an samu 'ya mace bayan maza uku. Tun cikin yana ƙarami na ƙudurta in mace ce zan yi wa mahaifiyata takwara, sunanta Asma'u. To jiya ƙanwar maijego ta zo barka, ta latsa waya ta ce ta duba, wai Asma'u jam'in "suna" ne kawai a Larabci, wato "sunaye". Ta ce yaya za a yanka rago a kira yarinya Sunaye? Tun daga nan jikin maijego ya yi sanyi. Ba ta ce a'a ba, amma shekara goma sha ɗaya muna tare, na san shirunta. Daga baya ta ce in an sa, to a riƙa kiran yarinyar Husna. Shi kuma wani ustazu maƙwabcin shagona ya ce Husna bai halatta ba, don Asma'ul Husna na Allah ne. Laraba mai zuwa ne suna. Masu sani ku fitar da ni.

Goggon Yara (Argungu):
Barka, barka. Allah Shi raya, Shi ba uwa lafiyar shayarwa. Ɗiya bayan maza ukku? Ai wagga ta zo da sunanta a hannu, Kande ta. Sauran magana ta malamai ce.

Ɗan Kabi:
Allah Ya raya. Ƙanwar matarka ta yi aure? In ba ta yi ba ka nemo mata miji, zaman banza ne ya sa take binciken sunan surukar yayarta a waya.

Ɗalibar Larabci (Birnin Kebbi):
Barka da arziki Yaya. Abin da ƙanwar ta gani ba ƙarya ba ne, rabin zance ne. Akwai kalmar asma'u wadda take jam'in ismu, ita ce a cikin ayar Baƙara ta 31 inda Allah Ya sanar da Annabi Adamu sunaye dukkansu. Amma manyan malaman nahawu da dama, cikinsu har da Sibawaihi, sun tafi a kan cewa sunan mace Asma'u ba daga nan ya fito ba. Asalinsa Wasma'u ne, daga wasama, wato kyawun fuska da kwarjini. Sai aka juya wawun farko ya koma hamza, kamar yadda ahad ya fito daga wahad. A wannan fahimtar ma'anarsa kyakkyawa. Wasu kuma sun tsaya a kan jam'in ismu ɗin, amma ko su ɗin, malaman Basra sun ce ismu daga sumuwwu yake, wato ɗaukaka, domin suna ne ke ɗaga abu har a san shi. Duk ta inda aka bi, ko kyau ko ɗaukaka za a tarar. Waya ta ba ta ma'anar da ta fi kusa da hannu ne kawai.

Ƙarin bayani kaɗan: wannan "u" na ƙarshe rufu'ar Larabci ce muka riƙe ta zama jikin sunan. Shi ya sa muke da Hauwa'u, Zara'u, Bilkisu, Zainabu, Muhammadu, Aliyu. Balarabe in ya tsaya a kan sunan, Asma zai ce.

Malam Na-Gwandu:
Wa alaikumus salam. Allah Ya albarkaci abin da aka samu. Ɗaliba ta yi bayani mai kyau, Allah Ya ƙara basira. Ni ta wata kusurwa zan shigo. Iyayenmu da suka sa wa 'ya'yansu wannan suna ba ƙamus suka buɗe ba. Mutum suka duba. Bahaushe in ya ce Asma'u, 'yar Sayyidina Abubakar yake nufi, yayar Nana A'isha, uba ɗaya uwa kowa da tasa.

Lokacin hijira, da Manzon Allah (SAW) da mahaifinta za su bar Makka, ita ta haɗa musu guzuri. Aka rasa abin da za a ɗaure bakin jakar abinci da salkar ruwa, sai ta kwance ɗamararta ta tsaga biyu ta ɗaure. Daga nan ta samu laƙabin Zatun Niɗaƙaini, mai ɗamara biyu. Abu Jahil ya zo ƙofar gida yana tambayar ina ubanta, ta ce ba ta sani ba, ya mare ta har ɗan kunnenta ya faɗi, ba ta faɗa ba. Akwai kuma labarin da na fi so. Kakanta Abu Ƙuhafa ya makance a lokacin, ya shigo yana faɗa cewa ɗansa ya tafi da dukiyarsa duka ya bar su ba komai. Sai ta tara duwatsu a inda ake ajiye kuɗi, ta rufa tufa a kai, ta kama hannun tsohon ta ɗora, ta ce ga abin da ya bar mana. Hankalinsa ya kwanta, alhali ko dirhami babu. Ta yi hijira da tsohon ciki, ta haihu a Ƙuba, ɗan shi ne Abdullahi ɗan Zubairu, jariri na farko da Muhajirai suka samu a Madina. Ta rayu kusan shekara 100, ta rasu a shekara ta 73 bayan hijira, kwanaki kaɗan bayan Hajjaju ya kashe wannan ɗan nata a Makka, kuma ita ce ta ƙarfafa masa zuciya kada ya miƙa wuya don tsoron mutuwa.

Ba ita kaɗai ba ce. Akwai Asma'u 'yar Umaisu, wadda ta yi hijira zuwa Habasha da mijinta Ja'afaru, bayan shahadarsa Abubakar ya aure ta, bayan Abubakar kuma Aliyu. Akwai Asma'u 'yar Yazidu, wadda mata suke turawa ta yi tambaya a madadinsu. Duk waɗannan sun zauna gaban Annabi da wannan suna bai canja musu ba, alhali yana canja sunan da bai dace ba. 'Yar Sayyidina Umar sunanta Asiya da ainu da sadi, wato mai saɓo, ya mayar da ita Jamila. Barra ya mayar Zainab. Da akwai aibi a Asma'u da an ji.

Ɗan Kabi:
Allah gafarta Malam, to matata Asiya fa? Kar in je gida in tarar da mai saɓo nake zaune.

Malam Na-Gwandu:
Kwantar da hankalinka. Taka ta matar Fir'auna ce, da alifi da sinun, wadda ta yi imani da Annabi Musa. Harshenmu ne ya haɗe su wuri ɗaya. In ka ga saɓo a gida, ka binciki kuɗin cefane.

Maman Ilham (Gusau):
Ni fa ku yi haƙuri, duk kun bar jaki kuna dukan taiki. Kuna tsammanin ma'anar suna ce ta sa jikin baiwar Allah nan ya yi sanyi? Ba ita ba ce. Sunan uwar mijinta ne. Har ta mutu ba za ta iya buɗe baki ta kira 'yarta da sunan yanka ba. 'Yarta ta fari mace, wata tara tana ɗauke da ita, ga wankan jego na kwana arba'in yana jiranta, amma sunan an gama yanke shi tun kafin a tambaye ta. Baban Walid, tsakaninka da Allah, maza ukun nan sunayen wa suka ci? Na ci amana in ba duka daga danginka ba ne.

Baban Walid (Jega):
Na farko mahaifina, shi ne muke kira Walid. Na biyu yayana marigayi. Na uku mahaifinta ne, Maman Ilham, ba a yi mata rowa ba.

Maman Ilham (Gusau):
To biyu da ɗaya ke nan, yanzu za a koma uku da ɗaya. Ban ce kar ka yi wa Hajiya takwara ba, uwa ta wuce haka. Cewa nake tunda sunan yanka naka ne, ka bar mata laƙabi. Ta ce Husna, a bar ta da Husna, ba sai an kawo ustazun bakin shago ya shiga tsakani ba.

Bazamfare (Talata Mafara):
Matsalar matan yanzu ke nan, kowace tana son sunan da ba a taɓa ji ba a unguwa. A buɗe Alƙur'ani a tsinci kalma mai daɗin faɗi a liƙa wa yarinya. Na tambayi wani abokina ma'anar Afnan da ya sa wa 'yarsa, ya ce sunan Aljanna ne. Rassan itace fa ake nufi, yana nan cikin Suratur Rahman. Ba haramun ba ne, amma wanda ya sa wa 'yarsa Rassa ba shi da bakin yi wa Asma'u dariya.

Maman Ilham (Gusau):
Malam Bazamfare, rassan itatuwan Aljanna ne dai, ka cika zancen. Kuma Husna ba sabon suna ba ne, tun muna firamare akwai su.

Goggon Yara (Argungu):
Ɗiyata Maman Ilham, ki ji nan. Alkunya ba horo ba ta, ado ta. Mu da munka tashi, mace ba ta faɗin sunan miji, ba ta faɗin na uwayenshi, ba ta faɗin na ɗan fari, wata ma ko kallon ɗan farin ba ta yi gaban mutane. Don haka anka samu su Ummi, Mama, Inna, Uwani, Hajiya ƙarama. In kin ji ana kiran ƙaramar yarinya Uwani, kin san sunan kakarta anka sa mata, ba sai kin tambaya ba. Ni kaina ban san sunan yankan uwata ba sai ranar da anka zo rubuta ta zuwa Makka, ina da ɗiya biyu lokacin. Kowa Laraba yaka ce mata. To mi ya ragu gare ta?

Abin da ni ka ba haushi shi na, an yada sunayenmu na gida. Da, suna labari ne. Ladi, Tani, Talatu, Balaraba, Lami, Jummai, Asabe, kin san ranar da anka haife su. Azumi da Tasalla kin san wata. Marka an haife ta ruwa na zuba ba ƙaƙƙautawa. Gambo ta biyo tagwaye. Ajuji, kin san uwar ta sha binne ɗiya kafin wagga ta tsaya. Yanzu sai ka shiga gida ka iske Amira huɗu, ka kira ɗaya duka su waigo.

Ɗalibar Larabci (Birnin Kebbi):
Goggo ranki ya daɗe, ai ni ma Lami ce a wurin kakata, har yau ba ta yarda da wani suna ba.

Kan maganar Husna, ga abin da na lura da shi. Muna da al'adar ɗauko laƙabi daga cikakken sunan magabata. Halima ta zama Sadiya saboda Halimatus Sa'adiyya, ta ƙabilar Banu Sa'ad. Faɗima ta zama Zahra ko Batula. A'isha ta zama Humaira. Waɗannan duka laƙabin masu sunan ne na asali. Husna ce ta fita daban. Babu wata Asma'u cikin sahabbai da ake wa laƙabi da Husna. Kunnenmu ne ya saba jin "Asma'ul Husna" daga ayar A'arafi ta 180, sai in an ce Asma'u baki ya ƙarasa da kansa. Kun ga ke nan mu da kanmu muka ɗaure sunan da ma'anar "sunaye", tun kafin ƙanwar maijego ta sayi waya.

Malam Na-Gwandu:
Wannan lura ce mai kyau, ban taɓa kallonta haka ba. Ga yadda nake gani, kuma ina jin nan ne ustazun ya haɗa abu biyu. Husna ita kaɗai kalma ce mai nufin mafi kyau, ta macen ahsan. Ba ta cikin sunayen da Allah Ya keɓanta da su irin Ar-Rahman. A Suratu Yunus aya ta 26 ma an yi amfani da ita ga sakamakon masu kyautatawa. Kiran yarinya Husna ban ga laifinsa ba. Abin da ba na so shi ne a raɗa mata "Asma'ul Husna" dunƙule, ko a rubuta haka a takarda, don wannan jimlar sunayen Allah take nufi, mutum kuwa ba zai zama sunayen Allah ba. A yi huɗuba da Asma'u, a yanka rago da Asma'u, a gida kowa ya kira abin da ya sawwaƙa.

Malamar Firamare (Yauri):
Tunda an zo maganar takarda bari in sa baki, don mu ke ganin wahalar. Duk sunan da kuka tsayar, shi za ku rubuta a takardar haihuwa, shi za ku kai makaranta, harafi da harafi. Ƙanwata Asma'u ce a takardar haihuwa, ranar da aka kai ta aji ɗaya yayarmu ta ce Husna, aka rubuta. Ta gama sakandare da Husna, katin ɗan ƙasa ya fito da Asmau ba alamar hamza, takardar asibiti kuma Asma. Da ta zo neman gurbin karatu sai da aka je kotu aka yi rantsuwa cewa mutum ɗaya ce. Wata uku muna zirga-zirga. Kwamfuta ba ta san alkunya ba.

Bazamfare (Talata Mafara):
Abin mamaki, an yi ta zuwa Makka da Madina, ba wanda ya ambaci ta gida. Malam Na-Gwandu, kai da ya kamata ka fara da ita.

Malam Na-Gwandu:
Na bar maka ne in ga ko Zamfarawa sun san tarihi. Nana Asma'u 'yar Shehu Usmanu ɗan Fodiyo, an haife ta 1793, ta rasu 1864, kabarinta yana Sakkwato kusa da na mahaifinta. Baban Walid, ga abin da ya shafe ka kai tsaye: 'yar tagwaye ce, ɗan'uwan haihuwarta Hassan. A al'ada kowa ya san sunan da ke jiranta, Usaina ko Hassana. Shehu ya tsallake al'adar ya sa mata Asma'u. Malamin da ya san Larabci irin sanin da Shehu ya yi masa, ɗan'uwan Abdullahin Gwandu wanda ya wallafa littattafai a nahawu da sarfu, ba zai zaɓi sunan da ba shi da ma'ana ba.

Tana da kimanin shekara 11 aka yi hijira daga Degel zuwa Gudu a 1804, ta sha wahalar tafiyar tare da jama'a, har zaman da aka yi a nan Gwandu. Ta haddace Alƙur'ani, ta yi waƙoƙi da Larabci da Fulatanci da Hausa, ta auri Giɗaɗo ɗan Laima wazirin ɗan'uwanta Muhammadu Bello. Babban aikinta shi ne 'Yan Taru. Takan zaɓi dattijuwa mai hankali daga ƙauye ta naɗa ta jaji, ta ba ta malfa da jan ƙyalle a ɗaura a kai. Jaji ta jagoranci tsofaffi da 'yan mata su zo wurinta su ɗauki karatu a waƙe, su koma su koya wa matan aure da ba su iya fita. Tsarki, salla, tarihin Annabi, barin bori, duk a waƙa, mace tana daka tana bita. Ka zaga Arewa ka ƙirga makarantun mata da ɗakunan kwanan ɗalibai masu sunanta.

Bazamfare (Talata Mafara):
Ka tsallake namu da gangan. Kafin a zo Gwandu ai a ƙasar Zamfara jama'a suka yada zango, a Sabon Gari. Kuma tun kafin jihadi Shehu ya yi shekaru yana wa'azi a Zamfara. Mu muka fara ba su masauki.

Goggon Yara (Argungu):
Ku yi ta yi, Fulani da Zamfarawa. Mu Kabawa kowa ya san shekarun da kakanninmu sunka yi suna gwabzawa da Gwandu, ba su sunkuya ba. Amma shiga Argungu gida-gida, da wuya ka fito ba ka iske Ma'u ba. Yaƙi daban, suna daban.

Ɗan Kabi:
Goggo ta gama magana. A rufe zaure.

Ɗalibar Larabci (Birnin Kebbi):
Kafin a rufe, ga wani abin da zai ba ku dariya. A cikin sahabbai akwai namiji mai suna Asma'u, ɗan Harisa, daga ƙabilar Aslam, yana cikin masu yi wa Annabi hidima. Sunan ɗan'uwansa kuma Hindu.

Ɗan Kabi:
Ki rufa mana asiri kar mutanen Jega su ji, sai su sa wa ɗa namiji don a rage kuɗin rago.

Maman Ilham (Gusau):
Duk na ji tarihi, kuma wallahi na ƙaru, ban san Nana 'yar tagwaye ba ce. Amma ina nan kan bakana. Baban Walid, kar ka je ka karanta mata wannan dogon bayani kamar mai kare kansa gaban alƙali. Ba hujja take nema ba. Ka zauna ka ce mata ke ce za ki zaɓi abin da za a kira ta a gida, kuma in Allah Ya sake kawo mace, ta mahaifiyarki ce. Ka faɗa da bakinka tun yanzu. Sannan atamfar fitar suna kar ta zama ta jeka-na-yi-ka.

Malam Na-Gwandu:
A nan kam na bi Maman Ilham. Malamai sun ce in an yi saɓani haƙƙin sa suna na uba ne, amma ba a ce kar ya yi shawara ba. Kuma ƙidayarka daidai ce, tunda bayan alfijir aka haihu ba a lissafa ranar, Laraba ce kwana bakwai.

Baban Walid (Jega):
Na gode ƙwarai jama'a, Allah Ya bar zumunci. Zan yi yadda kuka ce. Atamfa kuwa Maman Ilham, kin san kuɗin rago a kasuwar Jega bana? A yi mana addu'a kawai.

Mai Kula da Zaure:
Masu turo tallan turaren wuta da kayan jarirai a ƙarƙashin wannan magana, na goge, in an sake zan cire mutum.

Baban Walid (Jega):
Salam. Na dawo da rahoto kamar yadda Goggo ta nema ta akwatin sirri. An yi suna jiya lafiya, liman ya yi addu'a bayan asuba, an raba goro da dabino, sanƙira ya shelanta Asma'u, wanzami ya yi aski. Hajiya da ta ji sai ta rufe fuska da mayafi tana hawaye, ashe ba ta taɓa zaton ita za a yi wa ba, ta ɗauka sunan uwar maijego za a sa. Da na ba maijego zaɓi sai ta ce ta fasa Husna, wai akwai biyu a layinmu, Nana take so. Hajiya kuma ta ce ita ba ruwanta da wata Nana, kishiya aka yi mata, Kande za ta kira ta. Ƙaramin yaron ya ji sanƙira, tun jiya yake zagaya tsakar gida yana "Ma'u, Ma'u" a gaban kakarsa, uwar tana bin sa da muciya.

Malamar Firamare (Yauri):
Allah Ya raya Nana. A takarda dai Asma'u, da hamzarta.

Goggon Yara (Argungu):
Ban ce muku ba? Kande ta. Ka aiko da ƙaurina ta motar Argungu, kar ka ba Ɗan Kabi saƙon.